Korar Malaman Makaranta Da Hakkin A Ji Ta Bakin Mutum

  Maganar wannan mako ta shafi malaman makaranta waɗanda akan sallama daga aiki saboda takardunsu, da abin da Shari'a ta ɗora wa hukuma kafin ta sallame su.

A watan Disamba na 2021 Hukumar Ilmin Bai-Ɗaya ta Jihar Kaduna ta ba da sanarwar cewa za ta kori malamai 233, domin takardun da suka kawo aka ɗauke su aiki na jabu ne. Hukumar ta bayyana cewa ta aika wa makarantu 13 tana neman su tabbatar da takardun da ke ɗauke da sunansu, 9 daga cikinsu suka ba da amsa. Daga cikin takardu 451 da aka sami amsa a kansu, 233 ne aka ce ba na gaskiya ba ne, watau fiye da rabi ke nan, kuma makaranta guda ita kaɗai ta ce ba ta san da 212 daga cikinsu ba. Hukumar ta ƙara da cewa za ta miƙa sunayensu ga Ma'aikatar Shari'a domin a gurfanar da su. Irin wannan labari ba baƙo ba ne a Nijeriya, domin da wuya a yi 'yan shekaru ba a ji wata jiha ta yi tankaɗe da rairaya a cikin malamanta ba.

Duk sa'ad da haka ta faru, jama'a kan rabu gida biyu. Waɗansu su ce madalla, a kore su yau ba sai gobe ba, tun da wanda ya shigo ta hanyar ƙarya ba shi da bakin magana. Waɗansu kuwa su ce a ji tausayi, mutanen nan suna da iyali, a bar su su ci abinci. Kowane ɓangare ya riƙe wani yanki na gaskiya ya saki wani. Tambayar da ta kamata a tsaya a kanta ita ce: mutumin da aka sami hujja a kansa, har ma ana ganin laifinsa a fili yake, shin yana da hakkin a kira shi a ji ta bakinsa kafin a yanke masa hukunci? In kuwa yana da shi, me zai hana wannan hakki ya zama mafaka ga maha'inta, yara kuma su ci gaba da cutuwa?

Takardar shaida, shaida ce

Wanda ya raɗa wa satifiket suna takardar shaida ya dace da ma'anarta. Iyayen yaro ba su da ikon su gwada ilmin malami, hukuma ma ba za ta iya bin kowane mai neman aiki ta zauna da shi shekara uku ba. Saboda haka sai makarantar da ta koyar da shi ta tsaya a matsayin mai shaida, ta ce wane ya yi karatu kaza, an jarraba shi, ya kuwa ci. Musulmi sun san wannan tsari tun kafin zuwan boko. Malami yakan ba almajirinsa ijaza, ya rubuta cewa ya karanta littafi kaza a gabansa, ya kuma ambaci malaman da shi ma ya karɓo daga gare su. Malaman hadisi ba su karɓar ruwayar wanda ya yi da'awar ya ji daga wani shehi alhali bai taɓa haɗuwa da shi ba. To, wanda ya buga takardar jabu ya sa wa makaranta magana a baki, ya ƙaga shaidar da ba a bayar ba. Wannan kuwa reshe ne na shaidar zur, wadda Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya lissafa cikin mafiya girman zunubai, tare da shirka da saɓa wa iyaye.

Cutar ba ta tsaya ga takarda ba. Yaron ƙauye da ya shekara shida a firamare ya fito bai iya karanta sunansa ba, ba wanda zai mayar masa da waɗannan shekaru. Ubansa ya hana shi zuwa gona ko kiwo domin yana zaton ana ba shi abin da ya fi, ashe zaman banza yake yi a gindin bishiya. Akwai kuma wanda ya yi karatun na gaskiya, ya sha wahalar kwaleji, yana zaune a gida babu aiki domin wani ya tare gurbinsa da ƙarya. Ya zo a hadisin Muslim cewa Manzon Allah ya wuce wani mai sayar da hatsi, ya sa hannunsa cikin tsibin ya ji danshi a ƙasa alhali saman busasshe ne, sai ya tsawata masa, ya kuma nesanta mai algus daga tafarkinsa. In algus a mudun hatsi ya kai haka, yaya algus a tarbiyyar 'ya'yan jama'a? Saboda haka masu cewa a ƙyale su don tausayi sun manta da waɗanda suka fi cancantar tausayin.

Binciken masu sana'a kuma aikin hukuma ne tun da can. Marubutan tarihi sun ambata cewa a shekara ta 319 bayan Hijira, watau 931, wani majinyaci ya mutu a Bagadaza saboda kuskuren mai magani, sai Halifa Muƙtadir ya ba da umurni kada kowa ya sake yin aikin likita sai Sinanu ɗan Sabitu ya jarraba shi ya ba shi izini. Waɗanda aka jarraba sun haura 800. A Nijeriya ma an kafa hukumar yi wa malamai rajista da dokar 1993 domin irin wannan manufa. Ashe ke nan hukumar da ta binciki takardun malamanta wajibinta ta sauke, wadda ta bar abin sakaka ita ce abar zargi. Sauran magana ita ce yadda za a yi binciken, da yadda za a yanke hukunci a bayansa.

Sauraro kafin hukunci

Babu laifin da ya kai na Iblis fitowa fili. An umurce shi da sujada ga Adamu, ya ƙi, a gaban mala'iku baki ɗaya, kuma Mai hukuncin Shi ne Masanin abin da ke ɓoye cikin zukata. Duk da haka Alƙur'ani ya ba da labari, a Suratul A'arafi da Suratul Hijri da Suratu Sad, cewa Allah Ya tambaye shi abin da ya hana shi, ya kawo hujjarsa ta girman kai, sa'an nan aka kore shi. Allah ba Ya bukatar amsar Iblis domin Ya sani. Malamai sun ɗauki darasi daga nan cewa hukunci yakan biyo bayan tsayar da hujja ne, har wanda aka hukunta ya rasa abin cewa. Haka kuma Suratul Isra'i ta bayyana cewa Allah ba Ya azabtar da mutane sai bayan Ya aiko musu manzo, kuma ba a ɗora wa wani rai laifin wani. In Wanda ba Ya kuskure Ya tambaya, ina dalilin ɗan Adam, mai mantuwa da son zuciya, na ƙin tambaya?

Labarin Annabi Dawuda, amincin Allah ya tabbata a gare shi, ya ƙara fito da wannan. Mutum biyu suka shigo masa, ɗaya ya ce ɗan'uwansa yana da tumaki 99, shi kuwa guda ɗaya tak, amma yana neman ya haɗe da ita. Duk wanda ya ji wannan ƙara zuciyarsa za ta karkata ga mai tunkiya ɗaya. Annabi Dawuda ya ce an zalunce shi, daga baya ya gane jarrabawa ce, ya nemi gafara. Waɗansu malaman tafsiri sun ce abin da aka faɗakar da shi a kai shi ne yin magana kafin ya ji na biyun. Ɗansa Annabi Sulaimanu kuma, da ya nemi alhudahuda bai gan shi ba, ya yi alkawarin hukunta shi, amma ya bar masa ƙofa in ya zo da hujja bayyananniya. Da tsuntsun ya zo da labarin Saba'u, bai gaskata shi nan take ba, bai kuma ƙaryata shi ba, sai ya aike shi da wasiƙa domin a gwada maganarsa.

A shekara ta 8 bayan Hijira, sa'ad da ake shirin buɗe Makka a asirce, Haɗibu ɗan Abu Balta'a ya rubuta wa Ƙuraishawa wasiƙa yana sanar da su, ya ba wata mace ta ɓoye cikin kitsonta. Aka aika Sayyidina Aliyu da abokansa suka tsare ta a hanya, suka komo da wasiƙar. Ga takarda a hannu, ga sunan mai ita, ga kuma lokacin yaƙi. Sayyidina Umaru ya nemi izini ya sare kansa. Manzon Allah kuwa sai ya kira Haɗibu ya tambaye shi abin da ya kai shi. Haɗibu ya ce bai bar addininsa ba, iyalinsa ne ke Makka ba su da dangin da za su kare su, ya so ya yi wa Ƙuraishawa abin da za su saka masa da shi a kansu. Annabi ya gaskata shi, ya kuma tuna wa Umaru cewa mutumin nan ya halarci Badar. Bayanin Haɗibu bai mayar da laifinsa daidai ba, domin farkon Suratul Mumtahana ya sauka yana hani ga abin da ya yi. Amma bayanin ya raba tsakanin munafuki da mumini mai rauni, hukuncinsu kuwa ba ɗaya ba ne.

Malaman fiƙihu sun mayar da wannan ƙa'ida doka. Da Annabi zai aiki Sayyidina Aliyu Yaman, ya yi masa wasiyya kada ya yanke wa na farko hukunci sai ya ji na biyu. Sayyidina Umaru, a wasiƙarsa ga Abu Musal Ash'ari, ya umurce shi ya daidaita mutane a zamansa da dubansa, ya ɗora wa mai da'awa kawo hujja, ya yanka wa wanda ya ce hujjarsa tana nesa wa'adin da zai kawo ta, kada kuma hukuncin jiya ya hana shi komawa ga gaskiya in ta bayyana yau. A mazhabar Malikiyya akwai abin da ake kira i'izari, wanda Ibn Asim ya yi bayaninsa a Tuhfatul Hukkam, littafin da alƙalan ƙasar Hausa suka daɗe suna aiki da shi. Ma'anarsa ita ce, bayan an gama jin shaidu, alƙali ya juya ga wanda hukunci zai faɗa a kansa, ya tambaye shi ko yana da sauran hujja, ko yana da sukar da zai yi wa shaidun, ya kuma ba shi lokaci in ya nema. Hukuncin da aka yanke ba tare da i'izari ba abin rushewa ne, kuma kotunan ɗaukaka ƙara na Shari'a sun sha rushe hukunci saboda wannan kaɗai.

Dokar ƙasa ma ba ta saɓa wa wannan ba. Sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowa hakkin a saurare shi bisa adalci. Tun kafin nan, a 1986, Kotun Ƙoli ta soke korar waɗansu ɗaliban Jami'ar Maiduguri da aka zarga da hannu a tarzomar 1983. Cikin dalilanta har da cewa shugaban kwamitin da ya bincike su yana cikin waɗanda tarzomar ta shafa, da kuma cewa laifuffukan da aka jingina musu na kotu ne. Kotun ba ta ce ba a yi ɓarna ba, hanyar da aka bi ce ta ƙi amincewa da ita.

Ba a yi musu kuɗin goro

Amfanin sauraro yana fitowa ne idan aka duba su wane ne ke cikin jerin sunayen da akan liƙa. Na farko shi ne wanda ya je da ƙafarsa ya biya kuɗi aka buga masa takarda, yana sane bai taɓa zama a aji ba. Wannan maha'inci ne, kora ta dace da shi, kotu ma tana jiransa. Na biyu shi ne wanda ya shiga wata makaranta da zuciya ɗaya, ubansa ya sayar da akuya ko buhun gero ya biya masa, ya yi shekaru yana zuwa darasi yana rubuta jarrabawa, ashe makarantar ba ta da izinin hukuma. A watan Janairu na 2024 Gwamnatin Tarayya ta dakatar da amincewa da digirin jami'o'in Benin da Togo, bayan wani ɗan jarida ya nuna yadda ya sami digiri a Kwatano cikin mako shida. Matakin ya faɗa a kan masu saye, ya kuma faɗa a kan waɗanda suka zauna suka yi karatu. Takardar na biyun nan ba ta da inganci, wannan gaskiya ne, amma shi wanda aka cuta ne, ayyuka kuwa a Musulunci ana auna su da niyya. Kiransa ɓarawo ƙazafi ne.

Na uku shi ne dattijon da takardarsa ta gaskiya ce, zamani ne ya wuce ta. Da aka buɗe shirin ba da ilmin firamare kyauta ga kowa a watan Satumba na 1976, yara sun cika makarantu fiye da yadda aka yi tsammani, aka shiga horar da malamai cikin gaggawa, aka kuma kafa Cibiyar Malamai ta Ƙasa a Kaduna domin ƙara musu ilmi suna bakin aiki. A wancan lokaci takardar malanta mai daraja ta biyu abar alfahari ce. Daga baya aka mayar da NCE mafi ƙarancin abin da za a koyar da shi. Wanda aka ɗauka bisa sharaɗin jiya bai yaudari kowa ba, hakkinsa ne a ba shi wa'adi da hanyar ƙaro karatu, in ya kasa a sallame shi da mutunci a biya shi haƙƙoƙinsa. Haka nan dabam yake da wanda ya faɗi jarrabawar gwaji, irin wadda aka yi a Kaduna a 2017, inda aka ce malamai 21,780 daga cikin kimanin 33,000 ba su kai maki 75 cikin 100 ba, har ƙungiyar malamai ta kai ƙara kotun ma'aikata, ta kuma shiga yajin aiki a Janairun 2018. Kasawa aibi ce ga malami, tana iya sa a raba shi da allo, amma ba ha'inci ba ce.

Akwai kuma na huɗu, wanda ya fi kowa ban tausayi, watau mutumin da takardarsa ba ta da aibi ko kaɗan, kuskure ne ya faɗa masa. Sunayen mutanen ƙasar nan suna kama da juna, akan rubuta suna ɗaya ta hanya uku, mace takan canja suna bayan aure, akawu yakan tsallake layi ko ya juya lamba, rajista takan ɓace ko gara ta ci ta. Wasiƙar da makaranta ta aiko tana cewa ba ta san wane ba, ita ma shaida ce, mutum ne ya rubuta ta. Malaman fiƙihu ba su yarda alƙali ya zartar da wasiƙar wani alƙali ɗan'uwansa ba sai an tabbatar daga gare shi ta fito, ko da shaidu, ko da sanin hannunsa da hatiminsa. Suratul Hujurati kuma ta yi umurni da bin diddigin labari, domin kada a cuci mutane cikin rashin sani a wayi gari ana nadama. Idan makaranta guda ta musanta takardu 212, abu biyu ne ke iya kasancewa: ko dai akwai wata ƙungiya da ke buga takardu da sunanta, ko kuma akwai gyara a rajistarta. Kowanne ne daga ciki, ba za a kai ga gindinsa ba sai an zauna da mutanen ɗaya bayan ɗaya, an tambaye su a hannun wa suka karɓa, a wace shekara, su wa suka yi aji tare.

Uzurin masu gaggawa

Mai hankali yana iya cewa hukumar ilmi ba kotu ba ce, mai ɗaukar ma'aikaci ce, kuma in za a saurari mutum dubu ɗaya bayan ɗaya, shekara za ta ƙare yara suna hannun jahilai. Wannan magana tana da nauyi. Amsarta tana cikin rarrabewa tsakanin janye mutum daga aiki da yanke masa hukuncin ha'inci. Mutanen Kufa sun kai ƙarar gwamnansu Sa'adu ɗan Abu Waƙƙas wurin Sayyidina Umaru, har suka ce bai iya salla ba. Umaru ya kira shi ya gaya masa abin da aka ce, Sa'adu ya bayyana yadda yake sallarsa, sa'an nan aka aika mutane Kufa suna bin masallatai suna tambaya, jama'a suna yabonsa, in ban da mutum guda. Umaru ya sauke shi domin kwantar da fitina, amma da ajalinsa ya matso a shekara ta 23 bayan Hijira, ya sa shi cikin mutum shida da za a zaɓi halifa daga cikinsu, ya kuma bayyana wa jama'a cewa bai sauke shi don kasawa ko ha'inci ba. Shugaba yana da ikon ya janye ma'aikaci saboda maslaha. Ba shi da ikon ya ɓata masa suna ba tare da hujjar da aka gwada ba.

Bisa ga wannan, hanya a buɗe take. Wanda aka sami shakka mai ƙarfi a kan takardarsa, a ɗauke shi daga aji nan da nan, yara sun tsira ke nan. A ba shi takarda a hannunsa mai bayyana abin da ake tuhumarsa da shi, a nuna masa amsar da makarantarsa ta aiko. A yanka masa wa'adi sananne, wanda zai ishe shi ya je makarantar ya komo, ba mai tsawon da zai zama wasa ba. Waɗanda za su saurare shi kada su zama su ne suka ɗauke shi aiki, ko suka kai ƙararsa. A rubuta masa dalilin hukunci, a bar masa ƙofar ɗaukaka ƙara. Kada a buga sunansa a jarida ko a rediyo sai an gama, domin ana iya mayar wa mutum da albashinsa, amma sunan da ya ɓaci a garinsu da wuya ya gyaru, 'ya'yansa ma da shi za a riƙa yi musu gori. Wanda kuma aka sallama ba da laifin ha'inci ba, a biya shi abin da ya yi wa aiki, domin hadisin Buhari ya lissafa wanda ya ci gumin ɗan ƙwadago ya hana shi lada cikin mutum uku da Allah da kanSa zai yi husuma da su ranar Alƙiyama. Mafi yawan masu takardar jabu ba za su ko dawo ba in aka ce su kawo hujja, saboda haka aikin bai kai yawan da ake tsoro ba.

Sauraro yana da wani amfani da masu gaggawa ba su lura da shi ba. In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Malamin jabu bai ɗauki kansa aiki ba. Akwai wanda ya karɓi takardar ya sa hannu, akwai wanda ya kawo sunansa daga gidan wani babba, akwai inda aka sayar da gurbin aikin da kuɗi, akwai kuma mai injin da ya buga takardar. In aka kori malamin a gurguje ba a tambaye shi kome ba, an binne sunayen waɗannan duka, gobe kuma su kawo waɗansu. An bar jaki ana dukan taiki ke nan. Sa'ad da wata mace daga Banu Makhzum, gidan daraja a cikin Ƙuraishawa, ta yi sata, aka sa Usamatu ɗan Zaidu ya nema mata sassauci, Annabi ya yi fushi, ya bayyana cewa abin da ya halaka mutanen farko shi ne ƙyale babba in ya yi laifi da tsayar da hukunci a kan mai rauni. La'anar da ta zo a kan rashawa kuwa ta haɗa mai bayarwa da mai karɓa.

Ƙasar nan ta taɓa ɗanɗana kora ba sauraro. A 1975, zamanin Janar Murtala Muhammed, an sallami ma'aikatan gwamnati fiye da 10,000 cikin 'yan watanni, da yawansu a rediyo suka ji sunansu. Niyyar gyara ce, jama'a kuma sun yi murna, cikin waɗanda aka kora akwai waɗanda suka cancanci haka. Amma an haɗa da mutanen kirki waɗanda maƙiyansu suka kai sunansu, kuma masana da yawa suna ganin tun daga nan ma'aikaci ya daina amincewa da gobensa, ya shiga tanadin ranar kora ta kowace hanya. Malamin kirki da ya ga an kori abokinsa ba a tambaye shi ba, ya san shi ma ba abin da ya tsare shi sai sa'a. Da irin wannan zuciya ba a iya riƙe mutanen ƙwarai a aikin koyarwa.

Shi kuma wanda ya san a ransa takardarsa ta jabu ce, kada ya ɗauki wannan bayani a matsayin mafaka. An ba shi hakkin magana ne domin gaskiya ta fito, in ya yi amfani da shi ya ƙara ƙarya a kan ƙarya, zunubi biyu ya ɗauka. Annabi ya yi gargaɗi cewa wani yana iya fin abokin shari'arsa iya baki har a yanke hukunci a ba shi, amma abin da ya karɓa yanki ne na wuta. Ƙofar tuba a buɗe take: ya ajiye abin da ba nasa ba, ya faɗi wanda ya sayar masa, ya koma ya nemi ilmin ta hanyarsa, ya kuma tambayi malamai hukuncin abin da ya riga ya ci. Hukuma kuwa ta tuna cewa Suratul Ma'ida ta hana ƙin mutane ya kai mai hukunci ga barin adalci, ko da mutanen sun cancanci a ƙi aikinsu.

Allah Ya ba shugabanni ikon tsare amanar yara ba tare da sun zalunci kowa ba, Ya ba malamai tsoronSa a ɓoye da sarari, Ya sa ilmin da ake koyarwa ya zama mai amfani duniya da lahira.